Yatsa Huɗu Daga Kwalta

Ya shigo da ita gareji bayan la'asar,
sa'ad da gumin Jidda ke liƙe riga da baya.
Kafris ce, fara, 'yar saba'in da tara.
Tun bai kashe ta ba na gane tarinta.

Ya ce, "Ammu Ilu, a sauke min ita.
Yatsa huɗu tsakaninta da kwalta, kar ya wuce.
Ga wili a but, masu faɗi,
daga Dammam aka aiko min."
Hausarsa rabi ce, Larabci ya cinye saura.
Fawwaz ke nan, jikan Tanimu.

Ban tanka ba. Na jawo jak.

Me zan ce? Shekara talatin da ɗaya a Kilo Takwas
sana'ata ɗaga abin da ya durƙusa.
Ita wannan ma sau uku ina canja mata sifirin baya,
don kakansa bai san "ta cika" ba:
alhazai bakwai, mutan Gwambe da na Damagaram,
jarkokin zamzam, kwalayen dabino,
bargo, agogon bango, keken ɗinki a kan rufi,
da wata tsohuwa rungume da butarta.
Haka za ta taso daga Makka,
gindi a ƙasa, hanci a sama,
salansa na feshin wuta a tsohuwar hanya.
Tanimu ya duƙa ya leƙa, ya ce,
"Ilu, ɗaga min ita, kunya take ba ni."

Yau jika ya ƙirgo riyal ɗari tara
in mayar da ita inda kaya suka saba kai ta,
ba fasinja, ba ko buta.

Na kwance shokozoba, na ɗaura gajeru.
Sifirin da na sa da hannuna shekarar da aka haife shi
na datse masa zagaye biyu.
Ƙarfen ya yi ƙara
irin ta wanda aka tasa daga barci.
Wili ya ƙi shiga.
Sai da na bi leɓen madigadi da guduma da tsumma,
sannu sannu, kamar mai cire ƙaya a ƙafar yaro.

Da jak ya sauka,
to, gaskiya ba ta tsufa:
ta yi kyau.
Ta kwanta kamar kada a bakin gulbi,
tayoyi sun buɗe kamar kafaɗun ɗan dambe.
Yaron ya zube ƙasa da farar jallabiyarsa,
ya cusa yatsu huɗu. Daidai.
Dariyar da ya yi ta Tanimu ce,
har da wushiryar.

Ya ce in shiga ya kai ni gida.

A bakin layinmu akwai kunyar kwalta
da aka gina don masu gudu.
Ya tunkare ta a karkace, taya ɗaya bayan ɗaya,
yana riƙe numfashi.
Ƙuuu.
Cikinta ya karci ƙasa.
Ya dafe kai, ya ce, "Ya satir!"
Ni kuwa tsigar jikina ta tashi,
don shekara goma sha biyu rabona da wannan ƙarar,
ƙarar da ke cewa a ɗora shayi,
Tanimu ya dawo.

Na ce nauyina ne. Na sauka.
Na taka sauran hanyar da ƙafa.

Ban gaya masa ba,
a bayan shago, ƙarƙashin tsohon tamfol,
akwai sifiri biyu, dogaye, cikin takardarsu,
na huɗun da kakansa ya biya
bai dawo an ɗaura ba.
Ina shafa musu mai duk Muharram.
Yaro ne. Zai yi iyali,
zai ɗauko uwa da buhun shinkafa da baƙi daga filin jirgi.
Ran nan ba sai na ce komai ba.
Zan jawo jak.