Lambobi Huɗu

A Taminus nake, ƙarƙashin benen da ke kallon tsohuwar kasuwa,
teburi ɗaya, fitila ɗaya, sukundireba mai bakin allura.
Wayar da ta faɗa ruwa, wayar da ta ƙi caji,
duk nan suke zuwa jinya.

Ran Talata, ana yayyafin nan na Jos mai shiga ƙashi,
Huwaila ta miƙo tata, gilashi ya tsattsage kamar ƙasan tafki da rani.
Na ce, lambar buɗewa fa?
Ta faɗa mini guda huɗu, ko murya ba ta rage ba,
kamar mai barin makullin ɗaki wurin maƙwabta za ta unguwa.

Minti ashirin gyaran ya ci.
Na ce ta dawo bayan la'asar.

A gidanmu na Gangare, da gawayi Baba ya rubuta a bangon zaure:
BA SHIGA.
Har gobe ba na wuce zauren kowa.
Sallama uku, in ba a amsa ba in juya.
Amma waya ba ta da zaure,
ba ta da yaron da za a aika ciki ya ce wai ana magana.
Babban yatsa kawai,
sai ga ni a ƙuryar ɗakin matar mutane, da takalmina.

Me na gani?
Kai ba ɗankwali, kitso an tsefe rabi.
Tana rawa ita kaɗai da ludayi a hannu.
Tabon aiki a ƙasan cibiya, ɗinki bakwai,
ta ɗauka ta tura wa mijinta da ke jan tanka a Fatakwal,
ta rubuta: ka gani, ya fara warkewa.

Tanimu mai sayar da caja ya leƙo ta kafaɗata.
Turo min, ya ce.
Ai mutum ɗaya ne. Na tura.

Kafin Juma'a abin ya kai Bukur, ya zaga Titin Bauchi,
ya hau motar Kano ba ko sisi.
A teburin mai shayi na ga kawuna shida a kan waya ɗaya,
suna subhanallahi, suna Allah wadai,
suna mayar da shi farko.
Wani dattijo ya ce matan yanzu ba kunya,
ya gyara tabarau, ya matso.
Kowa na tambayar 'yar gidan waye.
Ba wanda ya tambayi hannun da ya tura ƙofar.
Ni ma na girgiza kai tare da su,
shayina ya huce a kofi.

An ce ta daina zuwa Islamiyya.
An ce mijin ya kashe waya kwana tara.
An ce, an ce.
Garin nan da sanyi, amma magana ba ta daskarewa.

Jiya ta dawo.
Niƙabi na gani, ban gane ta ba sai da ta yi sallama.
Na jira ashar, na duba ko da ɗan sanda a bayanta,
har na fara haɗa rantsuwa a bakina.

Ta ajiye wayar a kan teburin.
Malam, ta ce, wai ɓarayi ne ke shiga daga nesa.
Kai ka san kan abin nan.
Ka goge min komai, ka sa min lambar da ba mai iya buɗewa.
Nawa ne?

Gilashin da na sa mata ko ƙwarzane babu.
Na ga fuskata a ciki.

Na ce ta bar kuɗin.
Ta ce, Allah ya rufa maka asiri.
Ta zauna a benci tana jira,
ni kuwa ina riƙe da sukundireba,
na rasa murfin da zan fara kwancewa.