Mai Riƙe Sandar Sauti

Shekara goma sha ɗaya ina riƙe wa Laraba sandar sauti,
kafaɗata ta hagu ta fi ƙafata sanin Jos.

Da bidiyon suna ta fara, a wani shago a Dilimi.
Aka sallame ta ran da ta dawo da kaset
babu jariri, babu rago,
sai takalman baƙi jibge a bakin zaure
da wani silifas da ya rasa ɗan'uwansa.
Maigida ya ce, "Wa zai biya kuɗin kallon takalmi?"
Ta ce, "Ai su suka yi tattakin."

Ba ta yarda da fuska ba.
Fuska, in ji ta, da ta hango kyamara sai ta sa kayan salla.
Hannu take bi:
na mai wankin karas a Farar Gada, sanyi ya tsattsaga shi,
na tela yana laluben zare bayan an ɗauke wuta.

A Bukur ta kafa kyamara bakin kududdufin kuza.
Minti arba'in ba abin da ya gifta
sai girgije, ya leƙa fuskarsa ya wuce.
Na ce, "Batir fa."
Ta ce, "Da kwano a ka aka kwashe ramin nan.
Kai minti arba'in ne ya yi maka nauyi?"

Wani fim ɗin binne shi ta yi,
kwana tara cikin jar ƙasa,
ta tono shi duk zane, duk tabo,
ta ce to, yanzu mai wurin ta sa hannu.

Ba mai sharhi, ba kiɗa.
A kan kangon kasuwar Taminus
ta ɗora tarin wani tsoho da na taɓa ɗauka a Gangare,
da ƙarar cokali cikin kofin shayi.

Daren da muka haska shi jikin zanen gado
yara na ta tambaya yaushe za a fara.
Benci ya yi ta sauƙi.
Can wata mata ta miƙe cikin duhu,
inuwarta ta rufe rabin kasuwar,
ta ce, "Ku mayar baya. Tarin babana ne."
Sau huɗu muka mayar.
Ba ta yi kuka ba,
mayafi ta gyara, ta zauna.

An ce a ƙetare ana tafa wa Laraba.
Ni dai na san bashin mai janareto na kanmu,
kuma jiya da asuba ta kira ni:
"Same ni a dutsen Shere.
Akwai wani shiru a nan,
ina so mu riga masu fasa dutse."
Na ce, "Shiru ai ba ya ɗaukuwa."
Ta ce, "Taho da batir biyu."