Layi na Sha Bakwai

A gidanmu labarin ya daɗe yana ƙiba:
wai kakan babanmu ya shigo Daura daga arewa
da raƙuma tara da gafakar littattafai,
wai har bayan ganuwa aka fita taryensa.
Goggo Hakama ce ke ba da shi, zaune bisa tsohon dutsen niƙa,
kuma kowace sallah raƙuman sai sun ƙaru da ɗaya.

Ran Laraba na je wurin Malam Anaruwa,
jikan wanda ya riƙe wa Sarkin Zango alƙalami.
Ya ce in wanke hannu tukuna.
Ya jawo adaka daga ƙarƙashin gado,
ya ɗaga murfi, warin daɗewa ya mare ni,
warin jima da tawada da kashin ɓera.
Gara ta riga ni karatu,
ta cinye shekara biyu cur, ta bar mini gefe.

Littafin saukar baƙi ne, da ajami,
kowane layi mutum, kowane mutum da kayansa.
Buzu da mangul, taiki huɗu.
Babarbare mai kanwa, ya yi gardamar kuɗin kwana.
Makaho da ɗan jagora, ba kaya, an yafe.
Na bi su da yatsa kamar mai tsintar tsakuwa a shinkafa,
ina neman raƙuma tara.
Azahar ta wuce, Malam ya soma gyangyaɗi,
kaza ta leƙo zauren ta koma.

Sai na iso shekarar yunwa.
Nan rubutun ya tsuke, layi na hawan layi,
tawadar ta sha ruwa har ta koɗe,
sunaye sun yi yawa, kaya sun ƙare.

Layi na sha bakwai:
Mati ɗan Barmo, daga Kance.
Jaki ɗaya, gurgu.
Ƙwarya biyu. Dutsen niƙa.
Mace ɗaya da goyo.

A gefe, da wani alƙalami mai kaifi, an ƙara:
Jakin ya mutu da asuba.
Ya ce kwana uku zai yi ya wuce Kano.

Kwana uku!
Na lissafa mu a zuci, mu da ke raye,
na kai sittin da ɗoriya na ɓace,
akwai tela, akwai ungozoma, akwai direban tirela,
akwai ni, mai koyar da lissafi a firamare,
dukkanmu cikin kwana ukun nan muke,
har yau ba a ɗaura kaya ba.

Goyon nan kakana ne, ban taɓa ganinsa ba gemu ba.
Macen kuwa, malamin zango bai tambayi sunanta ba,
ya ƙirga ta bayan ƙore.

Na iso gida ana kiran magariba.
Goggo na nan bisa dutsen, tana ɓarar gyaɗa.
Na dubi cikinsa da ya lotsa kamar tafin hannu,
ƙafata ta sha tuntuɓe da shi tun ina yaro,
ban taɓa tambayar daga ina ya zo ba.

Ta ce, “Raƙuma nawa ka samu?”
Na ce, “Goggo, gara ta ci wurin.”
Ta hure ɓawo daga faifai, ba ta ɗago ba.
Can ta ce, “Jakin fa, sun rubuta shi?”

Na zauna a ƙasa.

Ta ce, “Sunanta Tabawa.
Ita ta ƙi barin dutsen a Kance,
ta ce inda ya sauka nan za a sake niƙa.
Ku yara ba kwa zama don labarin jaki.
Tashi ka yi alwala,
gobe ka koma ka ce Malam ya ƙara sunanta a gefe.”