Taku Goma

Ƙarfe bakwai na ƙirga su a ƙofar otal,
su goma sha ɗaya, da sababbin malafuna,
ni ce cikon sha biyu, mai riƙe da tutar kamfani.
Sunana Sophoan, na ce, in ya yi muku nauyi ku gutsure shi.

Hanyar dutsen Kulen ja ce, damina ta ci gefenta.
A mota na karanta musu doka:
ba hawa, ba ihu, ba ja mata kunne,
kowa ya tsaya taku goma
sai in ita ta ga damar matsowa.

Ta keto gora kamar hadari mai ƙafa huɗu,
Romduol, shekara hamsin da ɗoriya.
Talatin ta yi su tana dakon baƙi
a gindin tsofaffin haikalai, dutse na gasa mata tafin ƙafa.
Har yau gadon bayanta a lotse yake
inda kujerar katako ta zauna.
Tsoho Bunrith ba ya riƙe da ƙugiya,
sai rake, sai ayaba a aljihun wando.
Wani baƙo ya ce, to yanzu wane aiki take yi?
Na fassara. Bunrith ya sosa ƙeya:
Ci. In ta ƙoshi ta watsa wa kanta taɓo.
Aka yi shiru irin na wurin ibada.
Wata mata ta share hawaye da gefen gyale,
kuma ba wanda ya ƙetare taku goman nan,
na lura, ko ɗaya.

Azahar ta same mu a Tonle Sap,
injin kwalekwale na tari, ruwa kalar shayi da madara.
Ga makaranta a kan ganguna, na ce,
ga kantin mai da ƙanƙara, ga kejin alade yana lilo.
In ruwa ya janye, gari ya kwance igiya ya bi shi.
Na faɗi wannan sau ɗari huɗu,
bakina ya san hanya ko ba ni.

Gida na bakwai daga hagu, mai shuɗin kwano,
wata tsohuwa zaune, gwiwa a sama,
tana fille kan ƙananan kifi don tsumi da gishiri,
wuƙa na tafiya, ido bai ko bi ta ba.
Direba ya rage gudu, haka aka koya masa.
Wayoyi goma sha ɗaya suka tashi tsaye.
Wani ya miƙa hannu har ya dafa dogarin baranda,
ya leƙa gidan sauro, ya leƙa tukunya.
Taku nawa ne wannan?
A ruwa ba a ƙirga taku.

Mai gyalen nan ta ce, tambaye ta, tana jin daɗin rayuwa?
Na juya harshe na ce, Inna, kin sha maganin?
Ta ce, ya ƙare tun Talata. Kin rame.
Na ce da baƙi: ta ce kifi ya yi ƙaranci bana.
Ba ƙarya na yi ba, ta faɗa mini haka a watan jiya.

Da za mu juya ta cillo ƙullin ganyen ayaba,
ya faɗo daidai kan cinyata.
Suka tafa. Mutanen nan akwai karamci, in ji wani.

Rana ta faɗa tafki, suka ɗauke ta ita ma.
A mota duk suka yi barci, baki sake,
ni ina gaba, ƙullin na ɗumama mini gwiwa,
ina ƙirga dalolin da aka damƙa mini,
ina cire kuɗin magani,
ina tunanin giwar can a cikin gora,
yadda ta gama rakenta
ta juya mana baya ta tafi
ba ta nemi izinin kowa ba.