Gadin Dare a Falmouth

Ƙarfe goma nake karɓar makullai.
Misis Hocking ta ce, "Ka kula da tagar yamma, tana yoyo,"
ta buɗe lema ta shige ruwan sama,
ta bar ni da kai, Josias Trevail,
kai a bango, ni a kujerar roba,
tsakaninmu tocila da filas ɗin shayi.

Allon da ke ƙasanka ya ce ɗan mai gyaran taru ne kai.
Kana shekara goma sha ɗaya ka maƙale bayan gangunan gishiri,
jirgi ya yi nisa kafin a ji tarinka.
Nan kam na gane ka.
Ni ma na bar gida ban yi sallama ba,
teku kuwa ba ta tambayi sunan ubana ba.

Daga nan allon ya fara tauna magana.
Wai ka yi fatauci a tekunan kudu.
Fatauci da igwa!
Ka tare, ka kwashe, ka cinna wuta,
sai takarda mai jan hatimi ta zo daga Landan
ta wanke ka tas ba sabulu.
Ɓarawon da ya san ƙofar da ake kai kaso
ba ya mutuwa da sunan ɓarawo.
Aka ba ka tsibiri, da tuta, da gashin aro fari fat,
aka ce Gwamna.

Mai zanen ya ci kuɗinsa da halali.
Ya cusa hannunka na hagu cikin kwat,
wanda aka ce yatsu biyu suka rage masa.

Kundinka yana cikin akwatin gilashi,
buɗe a shafi ɗaya tun ranar da na kama aiki.
Rubutu ƙanana, kamar jerin kiyashi:
sukari, ganga arba'in.
Albarushi ya jiƙe.
Mutanen tudu sun ƙi sayar da masara, an ƙone musu rumbuna.
Sai layi na tara:
"Namiji ɗaya, da tsage a kumatu.
Ba ya cin alade. Yana zane a ƙasa da yatsa.
Fam goma sha takwas."

Na kai hannu kumatuna.
Ni ba a yi mini ba.
Kakana Barmo ne ke da su,
ina ƙirga su da ɗan yatsa idan ya yi barcin rana.

Ban ce ɗan'uwana ne ba.
Ban sani ba, kai ma ba ka tambaya ba.
Amma me yake rubutawa, Gwamna?
Aya ce, ko sunan garinsu,
ko kwanakin da ya yi bai ga kuka ba?
Ka ƙirga ganga, ka ƙirga ƙusa,
ka ƙirga har kajin da suka mutu a hanya,
wannan kuwa ka taka ka wuce.

An ce ka dawo da kumburin ƙafa da akwati tara.
Ka gina makaranta, ka haƙa rijiya, ka saya wa coci ƙararrawa.
An ce a shekararka ta ƙarshe
ka sa an toshe duk tagar da ke kallon ruwa,
wai ƙarar teku tana hana ka barci.
Ga ta nan har yau, tana shigowa ɗis, ɗis.
Sau biyu na juye bokiti.

Asuba ta yi.
Na shimfiɗa darduma inda alƙibla ta faɗa,
ba da gayya ba, haka gabas take,
na ba ka baya.

Da na sallame na sunkuya kan gilashin,
na hura masa numfashi har layi na tara ya dushe,
na ja alif da yatsa.
Na tsaya ina kallo, yana ɗigowa.
Sannan na goge da hannun riga,
don Misis Hocking ba ta son shatin yatsa.