Kukan Kuza

A kasuwar Wad Madani, bayan layin masu gawayi,
akwai rumfar da hayaƙi ya rina wa rufi.
Nan kakana Mantau yake shafe cikin tukwanen jan ƙarfe,
ya watsa sinadari, ya goga da auduga,
sai tukunya ta fito fes kamar wata ɗan sha huɗu.

Ran da dillali ya zo da sanduna shida a tsumma,
ya rantse kasdir ne tsantsa daga Bur Sudan,
Baba bai ɗora a sikeli ba, bai kai wuta ba.
Ya ɗau guda, ya kara a kunnen dama,
wanda guduma ba ta gama cinyewa ba,
ya lanƙwasa.
Shiru.
Ya ce, "Naɗe kayanka, Hamad. Wannan bebe ne."

Ya zaro nasa daga ƙarƙashin buzu,
guntu, duk ya sha murɗa,
ya ce, "Tabawa, kawo kunnenki."
Na ji ƙas, ƙas-ƙas, ƙiris,
kamar gishiri ya faɗa garwashi,
kamar mai barci yana cizon haƙora.

"Kukan kuza ke nan," in ji shi.
"Ubana ya san shi tun a ramukan Bukuru,
kafin ya miƙo gabas da ƙafa,
Makka a bakinsa, guzuri ya ƙare masa a nan.
In ka lanƙwasa ya yi gum, dalma ta shige shi,
dalma kuwa a tukunyar miya
ajali ce mai tafiyar hawainiya."

Bayan shekara goma sha ɗaya,
ina zaune a benci na uku, fanka ta mutu,
Daktora Ihsan ta rubuta a allo da Larabci:
sarkhatul kasdir.
Na kusa miƙewa in ce ai mun san juna.

Ta ce ƙarfen da kuke gani sumul
ƙwayoyi ne a ciki, sahu bayan sahu.
In an matsa masa, wani sahun ya juye farat ɗaya,
ya tsaya yana kallon ɗan'uwansa
kamar fuska da abin da madubi ya mayar.
Tagwaitaka sunan wannan juyi.
Kowane juyi da ɗan ƙaransa,
dubu su taru, kunne ya kama.

Ta ɗaga alli ta ja mana kunne:
ƙarar da yake yi in an buga shi, amo ce;
tsuwwar da yake yi in narkakke ya taɓa ruwa, tsuwwa ce;
kalmar nan ta lanƙwasa ce kaɗai.
"Kuma ba zafi yake ji ba.
Kada wanda ya rubuta mini hawaye a jarrabawa."

Aji ya yi dariya. Ni ban yi ba.
A harshenmu ƙofa tana kuka, tsohuwar mota tana kuka,
zakara ma kuka yake da asuba, ba wanda ya mutu masa.

Da yamma na bi ta bakin kogi na kai masa labari.
Sai da na maimaita sau uku, da ƙarfi,
don kunnen daman ma ya bi ɗan'uwansa.
"Tagwaye?" ya ce. "A cikin ɗan wannan?
To, Allah ya raya."
Ya juya guntun a tafinsa.
"Ta gaya muku in an cika lanƙwasa shi karyewa yake?"
Na ce ba mu kai nan ba tukuna.

Yanzu in dillali ya zo, aike yake a kira ni.
Shi ke riƙe sandar, hannunsa na rawa,
ni ke kara kunne.
Yana lanƙwasawa, yana kallon fuskata,
in na gyaɗa kai, ya buɗe lalitarsa.