Fom ɗin Koyon Gyaran Sola

Tun asuba na bar Gwadabawa
bisa buhunan albasa,
takarduna cikin leda, ƙarƙashin riga:
hoto huɗu, lambar ɗan ƙasa,
wasiƙar mai unguwa.

A tagar ma'aikata, cikin Sakkwato,
Malam Ladan ya gyara tabarau:
"Nan Modi, can Moddi. Wanne ne kai?"
Na ce duk ni ne, yunwarmu ɗaya.
Bai dara ba. Ya buga hatimi.

Layin "Don me kake neman tallafi?"
gajere ne,
bai ɗauki famfon Baffa da ya mutu bara ba,
balle fadamar da ta tsage tana jira.

Na rubuta: ruwa.

Litinin za a manna sunaye.
Zan duba duka biyun.